Tsabtar Hoto da Kallon Fim Ɗin Bin Sawu a Gida: Nazari a Kan "Don" (1978)

1.0 Gabatarwa

Hausawa sun ce gani ya kori ji. Amma karin maganar ba ta fayyace irin ganin da ake nufi ba, domin akwai ganin tsakar rana, akwai kuma ganin da ake yi cikin hazo, inda mutum zai hangi abu a tsaye ya kasa rabewa ko mutum ne ko kututture. Shekaru masu yawa, irin wannan gani na biyu shi ne rabon mai kallon fim a gida a ƙasar Hausa, musamman a garuruwan da ke nesa da gidajen silima, irin su Paki da Ikara da Maƙarfi da Kudan a arewacin Jihar Kaduna.

Manufar wannan maƙala ita ce ta bayyana yadda hoton bidiyo mai cikakkiyar tsabta, watau wanda 'yan kasuwa ke yi wa tambarin HD, yake sauya yadda ake fahimtar tsohon fim na bin sawu. Abin da ake nufi da fim ɗin bin sawu a nan shi ne wanda aka gina labarinsa a kan aikata babban laifi, da farautar mai laifin, da ɓoye wa mai kallo wani sirri har zuwa ƙarshe. An zaɓi fim ɗin Indiya mai suna "Don" ya zama abin misali, saboda matsayin da fina-finan Indiya suke da shi a wurin Hausawa, da kuma yadda labarinsa ya rataya a kan ƙananan abubuwa waɗanda sai ido ya gan su sosai.

2.0 Yadda Fim Ya Riƙa Isowa Ga Mai Kallo

An buɗe gidan silima na Rex a Kano cikin 1937, kuma tun daga shekarun 1950 Kwarori masu gidajen silima suka fara shigo da fina-finan Indiya, suka kuwa sami karɓuwa ƙwarai. A wancan zamani mutumin Paki ba ya ganin irin waɗannan fina-finai sai in tafiya ta kai shi Zariya ko Kano. In ya dawo, sai ya zama mai ba da labari a dandali, sauran samari su kalli fim ɗin da kunnuwansu.

Kamfanin JVC na ƙasar Japan ya fito da kaset ɗin VHS cikin 1976. Da kaset ya yaɗu a Nijeriya a shekarun 1980 da 1990, sai fim ya bar silima ya shiga zaure da ɗaki da gidan kallo mai janareta. Sai dai abin da ya iso ƙauye ya riga ya sha wuya a hanya. Brian Larkin, a littafinsa "Signal and Noise" na 2008, ya bayyana yadda ake kawo uwar kaset ta fim ɗin Indiya daga Dubai zuwa Kano, a yi ta kwafarta a kan jerin na'urori, sa'an nan a rarraba daga kasuwar Ƙofar Wambai zuwa sauran garuruwa. Shi kuwa kaset yana da wata ɗabi'a: duk kwafin da aka yi daga wani kwafi sai ya fi na gabansa dishi-dishi. Kafin fim ya kai hannun mai ba da haya a ƙaramin gari, ya zama jika ko tattaɓa-kunnen uwar kaset, an kuma sa shi a na'urar da ƙurar hunturu ta cika wa kai.

Akwai wani abu da ya ƙara wa matsalar nauyi. Yawancin masu kallon nan ba su jin harshen Hindi. Ba'indiye in hoto ya dushe masa, zance zai cike masa gurbi. Bahaushe kuwa hoton nan shi ne dukan abin da yake da shi. In aka rage masa hoto, an rage masa labarin kansa.

3.0 Mene Ne Tsabtar Hoto?

Hoton da ke kan allon talabijin na zamani tarin ɗigo-ɗigo ne, an jera su layi-layi, kowanne da launinsa da ƙarfin haskensa. Ana iya kwatanta shi da ɗinkin hula: hular da aka yi wa ɗinki ƙanana a matse tana fitar da zane filla-filla, wadda aka yi wa manyan ɗinki kuwa sai dai a gane siffar zanen daga nesa. Yawan ɗigon nan shi ne ma'aunin farko na tsabtar hoto.

Faifan VCD, wanda ya fito cikin 1993 ya kuma maye gurbin kaset a kasuwanninmu daga baya, yana da ɗigo 352 a kwance da 288 a tsaye, watau ɗigo 101,376 ke nan a kowane hoto. Faifan DVD, wanda ya shiga kasuwa a Japan cikin 1996, yana da 720 a kwance da 576 a tsaye a tsarin talabijin irin na Nijeriya, watau 414,720. Cikakken hoto mai tsabta, irin wanda faifan Blu-ray ya zo da shi cikin 2006, yana da 1,920 a kwance da 1,080 a tsaye, watau 2,073,600. Wannan ya ninka na VCD sau ashirin da ɗoriya. Wanda ake kira 4K kuwa ya ninka wannan ɗin ma sau huɗu, domin ɗigonsa ya kai 8,294,400.

Mai karatu zai iya tambaya: ta yaya fim ɗin da aka ɗauka cikin shekarun 1970 zai sami tsabtar da ba a ƙirƙiro ba sai bayan shekara talatin? Amsar ita ce, ba a kan kaset aka ɗauke shi ba. An ɗauke shi ne a kan zaren fim mai faɗin milimita 35, wanda ke wucewa ta gaban idon kyamara hoto 24 a kowace daƙiƙa. Dodon hoton da ke kan wannan zare yana riƙe da bayani fiye da abin da kaset ko VCD ko DVD za su iya ɗauka. Saboda haka tsabtar tana nan tun ranar da aka ɗauki fim ɗin. Abin da masu gyara ke yi shi ne su nemo asalin zaren, su wanke shi, su ɗauki hotunansa ɗaya bayan ɗaya da na'ura mai ƙarfi, su share tabo da ƙarce a kwamfuta, su kuma maido da launin da ya koɗe. Launin zaren wancan zamani yakan koɗe ya rinjaya wajen ja-ja in ya daɗe, shi ya sa tsofaffin kwafi da yawa suke fitowa kamar an tsoma su a ruwan zoɓo.

4.0 Taƙaitaccen Labarin "Don"

An saki "Don" cikin watan Mayu na 1978. Chandra Barot ne ya ba da umurni, Salim Khan da Javed Akhtar suka rubuta labarin, Kalyanji da Anandji suka yi kiɗa. Mai fim ɗin, Nariman Irani, gwanin ɗaukar hoto ne, shi ne kuma ya riƙe kyamara, amma ya rasu cikin 1977 bai ga fitowar aikinsa ba. Amitabh Bachchan, wanda Hausawa ke kira Amita, shi ne jarumi, kuma ya sami lambar yabo ta Filmfare saboda rawar da ya taka.

Don ƙasurgumin ɗan fasa-ƙwauri ne a birnin Bombai, wanda yanzu ake kira Mumbai. Wani babban ɗan sanda, D'Silva, ya bi shi ya harbe shi, ya mutu ba wanda ya sani sai shi. Maimakon ya bayyana mutuwar, sai ya nemo wani talaka mai wasa a titi, Vijay, wanda ya yi kama da Don kamar an tsaga kara, ya koya masa halayen mamacin, ya tura shi cikin ƙungiyar don ya tono asirinta. A cikin ƙungiyar akwai Roma, watau Zeenat Aman, wadda ta shigo da niyyar kashe Don saboda ya kashe ɗan'uwanta. Akwai kuma wani jan littafi da ke ɗauke da sunayen miyagun da harkokinsu. Kwatsam sai aka kashe D'Silva, shi kaɗai ne kuwa ya san gaskiya. Vijay ya shiga tsaka mai wuya: 'yan sanda suna nemansa a matsayin Don, miyagu suna nemansa a matsayin maci amana. Jan littafin nan kaɗai ne zai wanke shi. Daga ƙarshe ta bayyana cewa mutumin da ke yawo da sunan jami'in 'yan sandan ƙasa da ƙasa shi ne Vardhan, uban tafiyar miyagun.

5.0 Abubuwan Da Tsabtar Hoto Ke Maidowa

5.1 Fuska

Amita ya fito a matsayin mutum biyu, amma in aka duba da kyau rawa uku ya taka: Don na gaskiya, da Vijay na gaskiya, da Vijay yana kwaikwayon Don. Tsayi ɗaya ne, fuska ɗaya ce. Bambancin Don da Vijay a sarari yake, domin Vijay mai surutu ne, bakinsa jawur da tauna ganyen nan da Indiyawa ke ci mai rina baki kamar goro, alhali Don mutum ne mai sanyin ido da ƙarancin motsi. Rawa ta uku ita ce mai wuya. Tufafin na Don ne, muryar ta Don ce, amma tsoron na Vijay ne, kuma ba ya fitowa sai a ƙiftawar ido ko ɗan jinkiri kafin amsa. A kan faifan VCD, in kyamara ta ɗan ja baya, fuskar mutum ba ta samun ɗigon da zai isa a zana ƙwayar ido. Mai kallo yana ganin dogon mutum cikin kwat, ya san labarin ya ce ba Don ba ne, amma bai ga alamar haka da idonsa ba. Hoto mai tsabta yana ba shi damar ya tsaya a inda miyagun suka tsaya, yana duban fuskar nan yana auna ko asiri ya kusa tonuwa. Wannan fargaba ita ce ribar fim ɗin bin sawu.

5.2 Ƙananan Shaidu

Tun a farkon fim ɗin Don ya harbe wani daga cikin mutanensa, ya ba da dalilin da ya yi kama da wasa, cewa takalmin mutumin ne bai yi masa ba. Da aka duba dunduniyar takalmin sai ga bayanin sirri a ɓoye. Wannan ɗan guntun abu shi ne ke nuna wa mai kallo kaifin idon Don, ya kuma nuna girman hatsarin da Vijay zai shiga daga baya. In hoto ya dushe, mai kallon da ba ya jin Hindi zai ɗauka kisan banza aka yi.

Haka batun jan littafi. Kaset ɗin VHS yana ajiye haske da duhu a kan layi wajen 240, amma launi ba ya samun ko rubu'in haka, kuma ja ne ya fi kowane launi malala ya wuce iyakarsa. A faɗan ƙarshe da aka yi a maƙabarta, Vijay da Roma da Jasjit, watau Pran, suna ta jefa wa juna littafin don kada ya faɗa hannun miyagu. Daɗin wurin duka yana ga sanin wanda littafin ke hannunsa a kowane lokaci. A tsohon kwafi sai dai a ga wani jan tabo yana gilmawa. A kwafi mai tsabta ana bin sa da ido kamar yadda ake bin ƙwallo a fili.

5.3 Duhu

Ɓarawo da ɗan sanda duk ma'aikatan dare ne, don haka fim ɗin bin sawu ba ya rabuwa da duhu. Mai ɗaukar hoto gwani ba ya barin duhu ya zama baƙi ƙirin. Yakan bar hawa-hawa a cikinsa, yadda za a iya hangen ƙofa a bayan jarumi ko hannun da ke shiga aljihu. Kaset yakan cika waɗannan wurare da yayyafi, VCD kuma ya mai da su ƙananan murabba'ai masu rawa. Da yake mai fim ɗin "Don" shi kansa ma'aikacin haske da inuwa ne, kallon aikinsa a irin wannan hali daidai yake da duba aikin maɗinki a ɗaki ba fitila.

5.4 Faɗin Hoto da Tsawon Fim

Tsohuwar talabijin kusan murabba'i ce, alhali wasu fina-finai an shirya su ne don allo mai faɗi. "Sholay" na 1975 babban misali ne, domin an haska shi a zare mai faɗin milimita 70. In za a sa irinsa a kaset, sau da yawa sai an datse gefe da gefe, har mutum biyu su tsaya suna magana a ga ɗaya kawai. Talabijin ta yanzu mai faɗi ce, kwafi mai kyau kuma yana barin hoton yadda aka tsara shi. Dangane da tsawo kuwa, faifan VCD ba ya ɗaukar abin da ya wuce minti 80, "Don" kuwa ya kusa awa uku. Ko dai a raba shi faifai uku, ko mai kwafi ya yanke abin da ya ga dama don ya shiga biyu. Labarin soyayya yana iya jure yanka, amma labarin bin sawu sarƙa ne, in zobe ɗaya ya fita sauran ba su haɗuwa.

6.0 Iyakar Amfanin

Duk da haka, bai kamata a ɗauka duk abin da aka rubuta wa HD ya cika sunansa ba. A yau yawancin fina-finai suna isa Paki da maƙwabtanta ta hannun masu tura fim a waya da memori. Faifan Blu-ray yana ɗaukar gigabait 25, amma don fim ya shiga waya da sauri akan matse shi ya koma megabait ɗari uku ko huɗu. Adadin ɗigon yana iya zama yadda yake, amma abin da ke cikinsa ya tafi, kuma wuraren duhu ne ke fara lalacewa. Akwai kuma masu ɗauko tsohon kwafin VCD su buɗa shi da kwamfuta su sa masa sabon suna. Wannan shafa wa tsohon bango farar ƙasa ne kawai, domin abin da ba a ɗauka ba tun farko ba ya dawowa.

Na biyu, ido yana da iyaka. Cikakkiyar tsabtar hoto mai layi 1,080 tana bayyana ne in mai kallo ya zauna a nisan da bai wuce kimanin ninki uku na tsayin allon ba. Wanda ke bencin baya a gidan kallo, ko mutum biyar da suka haɗa kai a kan waya ɗaya, ba za su ga bambanci mai yawa ba.

Na uku, tsabta ba ta da kara. Yadda take nuna gwanintar ɗan wasa, haka take tona gashin aro da hodar fuska da mutumin da ya tsaya a madadin jarumi wajen tsalle. Wurin da Jasjit ya ratsa igiya tsakanin gine-gine ɗauke da yara biyu yana cikin wuraren da dabarar kyamara ke iya fitowa fili. Wannan ba aibi ba ne ga mai nazari, domin ta nan ake gane yadda aka yi aikin kafin zuwan kwamfuta.

Na huɗu, hoto rabin aiki ne. Fassarar fina-finan Indiya zuwa Hausa, irin wadda kamfanin Algaita na Kano ya shahara da ita, ta magance matsalar kunne. Amma fassarar da aka ɗora a kan hoto mai dishi-dishi tana mai da mai kallo ga halin samarin dandali na dā, watau yana jin abin da aka ce ya faru ba tare da ya gani ba.

7.0 Darasi Ga Fina-finan Hausa

Indiyawa sun farga da darajar tsofaffin zarurrukansu. Cikin Oktoba na 2022, lokacin da Amita ya cika shekara 80, ƙungiyar Film Heritage Foundation ta shirya bikin sake haska fina-finansa 11 a gidajen silima na Indiya, "Don" yana cikinsu. Cikin Yuni na 2025 kuma aka haska "Sholay" da aka gyara a birnin Bolonya na Italiya, tare da ƙarshensa na asali wanda hukumar tace fina-finai ta sa aka sauya cikin 1975.

Hausa ma tana da nata misali. "Shaihu Umar", wanda Adamu Halilu ya shirya cikin 1976 daga littafin Abubakar Tafawa Ɓalewa, ya daɗe ana zaton ya ɓata. Cikin 2016 aka gano zarensa a ma'ajiyar Hukumar Fina-finai ta Nijeriya, cibiyar Arsenal ta Jamus ta gyara shi, aka haska shi a bikin fina-finai na Balin cikin 2018. Abin da ya sa gyaran ya yiwu shi ne an ɗauke shi a zaren fim, zaren kuma bai riga ya ruɓe ba, ko da yake zafi da laima suna cin irinsa har ya riƙa warin tsami.

Fina-finan bidiyo na Hausa ba su da wannan gata. "Turmin Danya", wanda ƙungiyar Tumbin Giwa ta fitar a Kano cikin 1990, da ɗaruruwan da suka biyo bayansa, a kan kaset aka ɗauke su. Iyakar tsabtarsu ita ce ta uwar kaset ɗin, ba za a taɓa samun abin da ya fi ta ba. Maganaɗisun da ke kan kaset kuwa yana raunana da shekaru, na'urorin da ke karanta shi ma an daina ƙera su tun 2016. Duk uwar kaset da ta lalace, abin da zai rage shi ne jikokinta masu dishi-dishi, kuma da su ne manazarta na gaba za su auna aikin 'yan wasan farko.

8.0 Kammalawa

An ga cewa fim ɗin bin sawu yana dogara ne a kan fuska da ƙaramar shaida da duhu da cikar labari, kuma waɗannan su ne abubuwan da kaset da VCD suka fi ci. Hoto mai tsabta, in daga asalin zare aka ɗauko shi kuma ba a matse shi fiye da kima ba, yana maido wa mai kallo a Paki aikin da marubutan "Don" suka tanadar masa tun 1978, watau ya yi bincike da idonsa tare da ɗan sanda, ya yi zargi, ya yi kuskure, sa'an nan ya gano gaskiya a lokacin da aka tsara ya gano ta.

Ga sassan nazarin Hausa kuwa akwai aiki a gaba. Kamar yadda magabata suka bi gari-gari suna tattara rubuce-rubucen ajami da waƙoƙin baka, haka ya kamata a bi tsofaffin masu shirya fim da masu shagunan haya na Kano da Kaduna da Zariya da Jos, a nemo uwayen kaset, a juye su a kwamfuta ba tare da matsewa ba, a rubuta sunan kowane fim da shekararsa da masu aikinsa. Ɗalibin da ya fito daga Ikara ko Maƙarfi ko Kudan yana iya fara wannan a hutu ɗaya, daga akwatin kaset ɗin da ke jibge a shagon unguwarsu.